Faston Da Ya Sha Kaye Sau Shida

Mu da gwamnatin Jihar Arewa ta tura karatu Amurka a tsakiyar shekarun 1960 mun ragu ƙwarai. In muka haɗu yanzu, galibi wajen ɗaurin aure ko zaman makoki, hirar ba ta wuce sanyin can, da abincin can, da su wane da suka riga mu gidan gaskiya. Amma akwai suna guda da nakan jefa cikin hirar in ga wa zai ɗago kai, wato Norman Thomas. Duk wanda ya zauna can a wancan zamani, da ya ji sai ya yi murmushi ya ce, “Dogon tsohon nan mai murya!” Yaran yanzu kuwa, har da waɗanda suka karanci siyasa a jami'a, sai su tambaye ka ko gwamna ya yi ko sanata. Bai yi ko ɗaya ba. Ko kansila bai taɓa ci ba. Sau shida ya nemi shugabancin Amurka a jam'iyyar 'yan gurguzu, daga 1928 zuwa 1948, sau shida yana shan kaye. Duk da haka na ga zaure cike maƙil ya miƙe tsaye don shigowarsa, har da waɗanda ba su taɓa ba shi ƙuri'a ba.

Da kaka muka sauka jihar Ohio, lokacin da itatuwa ke rikiɗewa ja da rawaya kafin su kaɗe. Da yamma kowane magidanci sai ya share ganyen ƙofar gidansa, ya tara a bakin titi ya cinna masa wuta. Hayaƙin ya lulluɓe unguwa da wani ƙamshi mai ɗan ɗaci, ya kama rigar ulu ya kwana a jikinta. Waɗanda suka koma daga baya sun ce an hana wannan ƙone-ƙonen a yawancin garuruwa. Kofi santi 10 ne a kanti, in ka shanye a ƙara maka ba sai ka sake biya ba. Buga waya a akwatin bakin titi ma santi 10. Takardar jirgin sama, shuɗiyar nan da ake ninkewa ta zama ambulan kanta, santi 11 ce, ita ke kai gaisuwarmu gida mu zauna jiran amsa. Fam ɗinmu na Najeriya kuwa dala 2 da santi 80 yake a lokacin, shi ya sa in muka shiga banki ba ma sunkuyar da kai.

Gidan wata tsohuwa muka kama haya, ni da wani abokina Bakatsine, ɗaki biyu a sama, bututun ɗumama ɗaki na ta ƙwanƙwasa cikin dare har muka saba. Mijinta ma'aikacin jirgin ƙasa ne, ya rasu kafin zuwanmu. Iya muke ce mata, ita kuma ba ta kiranmu da komai sai “'ya'yana”. 'Yar ɗarikar Firesbiteriya ce, cocin nan da ba su da bishop, dattawan da jama'a ta zaɓa ke tafiyar da shi tare da fasto. Ranar da ta gane ba ma cin naman alade ta sayo sabon kasko, ta ɗaura masa jan zare a mariƙi, ta rataye shi daban. Azumin 1965 ya faɗo a watan Janairu, dusar ƙanƙara har ƙauri, amma ba mu taɓa saukowa sahur mun tarar da kicin a duhu ba. Ga madara mai zafi, ga burodi, ga tuffa da ta gasa da kirfa, ita kuma tana zaune cikin rigar sanyi tana hamma tana cewa mu ƙara.

Wata rana ta zazzage gwangwanin maɓallai tana neman wanda zai dace da kwat ɗin abokina, sai ga wani ɗan bajon ƙarfe ya gangaro, bakinsa ya fara tsatsa, da sunaye biyu a kai, Thomas da Maurer. Ta ɗauka ta goge da gefen riga. Na zaɓen 1932 ne, in ji ta. Daga nan ta shiga ba mu labarin shekarun fatara, lokacin da kusan ɗaya cikin huɗu na ma'aikatan Amurka ba shi da aiki, bankuna na rufewa da kuɗin mutane a ciki, magidanta da hula da taye suna bin layin miya. Layin dogo ta bayan gidanta ya bi, don haka ba a rasa wanda zai diro daga taragon kaya ya ƙwanƙwasa ƙofar baya, ya cire hula, ya tambaya ko da itacen da zai faskara a ba shi abinci. Ba ta taɓa korar kowa ba. A shekarar ita da maigidanta suka jefa wa Thomas ƙuri'a, maƙwabta suka ce sun zuba ta a kwata. “To, 'ya'yana,” in ji ta, “shi kaɗai na ji yana maganar mutanen ƙofar baya.”

Ɗan jihar ne, wannan ma ya ƙara sa take ji da shi. A garin Marion aka haife shi ranar 20 ga Nuwamba 1884, garin jiragen ƙasa da masana'antar manyan injinan haƙa. Shi ne babba cikin 'ya'ya shida. Mahaifinsa, Welling Thomas, faston Firesbiteriya ne. Kakansa na wajen uwa, Stephen Mattoon, ya daɗe yana aikin mishan a ƙasar Siyam, wadda ake kira Tailan yanzu, ya dawo ya shugabanci wata kwalejin baƙar fata a North Carolina bayan yaƙin basasarsu. Gida ne na addu'a safe da yamma, ba giya, ba karta, ranar Lahadi kuma ba wasa. Yana yaro yakan raba jaridar garin, Marion Star, gida-gida, mai jaridar kuwa Warren Harding ne, wanda ya zama shugaban ƙasa a 1921. Da wani ɗan'uwan iyayensa mai hali ya biya masa Jami'ar Princeton, sai ya tarar shugaban jami'ar, wanda kuma ya koyar da shi, Woodrow Wilson ne, shi ma ya hau mulkin ƙasar a 1913. Ya gama a 1905 yana sahun gaba a ajinsu. Duk wanda ya ga saurayin nan a lokacin zai ce ba ƙofar da za a rufe masa a Amurka.

Birnin Niyok ne ya sauya shi. Ya fara da aikin taimako a unguwar talakawa ta titin Spring, kusa da bakin ruwa, inda ya ga abin da ba a gani a gidan fasto a Marion: iyali guda cunkushe a ɗaki marar taga, magidancin da ya shanye albashinsa kafin ya iso gida, yara masu tarin fuka. Sannan ya shiga makarantar horar da fastoci ta Union, a lokacin da ɗalibai ke ta karatun Walter Rauschenbusch, malamin da ke koyar da cewa bishara ba ta tsaya ga ceton ran mutum ɗaya ba, tana da ta cewa kan albashi da kuɗin haya da awannin aiki. An naɗa shi fasto a 1911. Ya riga ya yi mataimaki a cocin Brick da ke kan Fifth Avenue, cocin attajirai, inda da ya zauna da ya tsufa cikin daula. Ya bar wurin ya karɓi wani ƙaramin coci a Gabashin Harlem, tsakiyar 'yan ci-rani Italiyawa da 'yan Hungary waɗanda da yawansu ko Turanci ba sa ji. Matarsa Violet Stewart, da ya aura a 1910, 'yar gidan masu banki ce, amma ta kwashe kayanta ta bi shi cikin hayaniyar.

Da hutun bazara na je na ga unguwar da idona. Kamfanin Greyhound na sayar wa baƙi tikitin dala 99 na kwana 99, ka shiga motarsu ka zaga ƙasar iya ƙarfinka. Jirgin ƙarƙashin ƙasa santi 15 ne duk nisan da za ka. Akwai kuma wani gidan abinci da ake kira Automat, ba mai tambayarka me za ka ci, sai ka jefa sulalla a rami, ɗan gilashi ya buɗe ka ɗauki wainarka. Lokacin Italiyawa sun fara barin Gabashin Harlem, 'yan Puerto Rico sun maye gurbinsu, amma gidajen na nan yadda suke, dogaye, baƙaƙe, da tsanin ƙarfe a gaba. An ja igiyar shanya daga taga zuwa taga. Mata sun ɗora matashi a bakin taga sun jingina gwiwar hannu suna kallon titi, ƙamshin soyayyar albasa da ayaba na fitowa, yara sun ɓalle famfon 'yan kwana-kwana suna wanka a titi. Da na tsaya wurin na gane aikin fasto a irin wannan unguwa ba wa'azin Lahadi ba ne kaɗai. Nema wa mutum aiki ne, da raka shi kotu, da roƙon mai gida kada ya watso kaya waje, da binne jarirai. Shekara bakwai ya yi yana wannan.

Yaƙin Duniya na Farko ya raba shi da mumbari. Da Amurka ta shiga yaƙin a Afrilun 1917, a ƙarƙashin tsohon malaminsa Wilson, fastoci da dama suka mai da wa'azinsu kirarin yaƙi. Shi kuwa ya tsaya a kan cewa ba zai iya haɗa koyarwar Almasihu da kashe-kashen ba. Ya shiga ƙungiyar masu ƙin yaƙi ta Fellowship of Reconciliation, ya zama editan mujallar The World Tomorrow. A zaɓen magajin garin Niyok na shekarar ya fito fili ya goyi bayan Morris Hillquit, ɗan takarar gurguzu mai adawa da yaƙin. Attajiran da ke ɗaukar nauyin ayyukan cocinsa suka fara janye hannu. Ya ga in ya ci gaba da zama, talakawan unguwar ne za su biya kuɗin ra'ayinsa, sai ya ajiye aikin a 1918 ya yanki katin jam'iyya.

Ƙanensa Evan ya fi shi shan wuya. Ya ƙi aikin soja saboda imaninsa, aka kai shi kurkukun soja na Leavenworth, inda ake ɗaure irinsu da ankwa a jikin ƙarfen ƙofa su wuni a tsaye. Wani ƙanen Norman kuma, Ralph, yana Faransa sanye da kaki. In Iya ta zo nan sai ta girgiza kai ta ce a dai tuna da uwarsu. Faɗi-tashin da Thomas da abokansa suka yi kan irin su Evan shi ne ya haifi ƙungiyar kare 'yancin jama'a ta ACLU a 1920. Sunansa kuwa ya bar shi cikin jerin fastocin ɗarikar har 1931, sai bayan rasuwar mahaifiyar ya cire. Wannan ɗaya ya sa mutumin ya kwanta mini a rai tun ban gan shi ba. Na ga masu son gyara duniya da yawa, amma ba kowanensu ne ke tuna akwai tsohuwa a gida da zuciyarta za ta karye ba.

Jagoran jam'iyyar a lokacin Eugene Debs ne, tsohon ɗan jirgin ƙasa, wanda aka yanke wa shekara goma saboda jawabin ƙin yaƙi da ya yi a Canton, nan cikin Ohio, a 1918. Yana kurkuku ya tsaya takara a 1920 ya samu ƙuri'a sama da 900,000. Wilson ya ƙi sakinsa. Harding, mai jaridar Marion, shi ya sake shi a Kirsimetin 1921, har ya gayyace shi fadar gwamnati suka gaisa. Debs ya rasu a 1926, tuta ta faɗo hannun wanda ba ya kama da 'yan ƙwadago ko kaɗan, ɗan Princeton mai tataccen Turanci da ladabin gidan fasto. Haka ya shiga zaga ƙasar a jirgin ƙasa, yana kwana a gadon sama don ya fi araha, mutumin da ya haura ƙafa shida yana naɗe ƙafafu har gari ya waye. Ya yi magana a kusurwar titi, a bayan akori-kura, a zauren 'yan ƙwadago, in an gama a zaga da hula a tara na mota. Gida kuwa Violet ce ta riƙe shi, da ɗan gadonta da kiwon karnuka masu dogon kunne da take sayar wa masu hali. Iya takan yi dariya ta ce karnukan nan ma sun yi wa jam'iyya hidima.

A 1932 ya yi ƙoƙarinsa mafi girma, ƙuri'a kusan 885,000, alhali Franklin Roosevelt ya kwashi kusan miliyan 23. Abin da yake nema a lokacin an ɗauke shi mafarki: fansho ga tsofaffi, tallafi ga wanda ya rasa aiki, mafi ƙarancin albashi, hana sa yara aikin masana'anta, gwamnati ta buɗe ayyuka ta ɗauki marasa aiki. Ba a yi shekara bakwai ba sai ga yawancinsu sun zama doka da sa hannun Roosevelt. Dokar fansho ta zo a 1935, ta mafi ƙarancin albashi a 1938, santi 25 a awa. 'Yan ƙwadagon da ke bin Thomas suka koma wa Roosevelt, ƙuri'unsa suka zube zuwa ƙasa da 200,000 a 1936. In aka ce masa ai Roosevelt ya ɗauki manufofinku, sai ya ce ya ɗauka kam, amma a kan gadon ɗaukar majinyata. Iya ba ta shiga wannan gardamar. Farkon kowane wata in ɗan fasa-ofis ya kawo mata cek ɗin fansho, sai ta ɗaga shi sama ta ce ga ƙuri'ar da aka ce ta zubar.

Inda na fi ganin girmansa shi ne Arkansas, ƙasar auduga. Can akwai manoma, baƙaƙe da farare, da ba su da ko taki ɗaya na ƙasa. Suna noma gonar mai gida, ya ba su iri da alfadari da bashin gari da kitse daga kantinsa, in kaka ta yi a raba amfani, kuma shi ke riƙe da littafin lissafi, don haka kullum da saura a kansu. A 1933 gwamnati ta fara biyan masu gonaki don su rage noman auduga farashi ya tashi. Masu gonakin suka karɓe kuɗin, suka kori manoman da ba sa buƙata, iyalai suka watsu a bakin hanya da katifa da tukunya. Wasu 'yan jam'iyya biyu a ƙaramin garin Tyronza, H. L. Mitchell mai wankin kaya da Clay East mai gidan mai, suka kira Thomas ya zo ya gani. Ya zo a 1934, ya shiga bukkokin, ya ba su shawarar su kafa ƙungiya. A shekarar mutum 18 suka taru a wata makarantar ƙauye, farare 11 baƙaƙe 7, suka kafa ƙungiyar manoman haya ta Kudu. A wancan yanki, a wancan zamani, baƙi da fari su zauna benci ɗaya su kira juna ɗan'uwa, abu ne da ke iya sa a ƙone wa mutum gida cikin dare.

A Maris ɗin 1935 ya koma, ya hau dandamali a wani ƙauye da ake kira Birdsong. Bai yi nisa da magana ba sai ga mutanen masu gonaki da bindigogi, suka finciko shi ƙasa, suka ce ba sa buƙatar ɗan Arewa ya koya musu yadda za su yi da baƙaƙensu, suka raka motarsa har iyaka. Bai yi shiru ba. Ya hau rediyo ya faɗa wa ƙasar abin da ya gani, ya tafi har ofishin Roosevelt. Shugaban ya saurare shi, ya ba shi haƙuri, ya ce masa shi ya fi shi iya siyasa. Gaskiya ya faɗa, don jagoran masu rinjaye a majalisar dattawa, Joseph Robinson, ɗan Arkansas ne, kuma ba dokar da za ta wuce sai da shi. Na daɗe ina juya wannan zama nasu a raina. Ban ce Roosevelt mugu ne ba, mai mulki ne da ke lissafin ƙuri'un majalisa. Amma da ba a samu wanda ba ya jiran komai daga wannan lissafi ba, da ba wanda zai kai maganar matar da ke kwana bakin hanya cikin ofishin.

Haka ya yi ta yi. A 1938 ya je Jersey City, inda magajin gari Frank Hague ya hana duk taron da ba ya so, 'yan sanda suka sungume shi suka jefa a jirgin fito zuwa Niyok. Bayan 'yan makonni aka yi masa ruwan ƙwai a Newark, hoton ya zaga ƙasar. A 1939 Kotun Ƙoli ta soke dokar Hague. A 1942 kuma, da aka kwashe 'yan asalin Japan kusan 120,000 aka tsare a sansanoni, yawancinsu haifaffun Amurka, manyan masu kare 'yanci da dama sun kama bakinsu. Shi yana cikin 'yan ƙalilan da suka ce wannan zalunci ne, suka sa hannu da sunansu.

Ba zan ɓoye inda ya yi tuntuɓe ba. Ƙin yaƙin da ke ransa ya kai shi hawa dandamali ɗaya da Charles Lindbergh a 1941, cikin taron masu cewa Amurka ta kame hannunta daga yaƙin Hitila, alhali a cikinsu akwai masu ƙin Yahudawa. Ya nisanta kansa daga baya, amma an riga an ɗauki hoton, kuma abokai da dama sun ji ciwo. A 1967 kuma ta fito cewa wata cibiya da yake shugabanta ta karɓi kuɗin hukumar leƙen asiri ta CIA ta bayan fage. Ya ce bai sani ba, na kuma yarda da shi, sai dai abin ya yi wa masoyansa nauyi. Tun da ya ziyarci Rasha a 1937 ya dawo yana sukar Stalin, 'yan kwaminis suna zaginsa, 'yan jari-hujja kuma suna kiransa ɗan kwaminis. A tsakiyar nan ya ƙare rayuwarsa.

Cikin hunturu na gan shi, a zauren wata jami'a, ba kuɗin shiga. Wuri ya ɗauki warin jiƙaƙƙun kwat da hayaƙin lofe, don a lokacin malamai na shan tabarsu a ko'ina. Ya haura tamanin, ciwon gaɓoɓi ya tanƙwara shi, idanu sun kusa tafiya, wani ɗalibi na riƙe da hannunsa. Matakalar dandamalin 'yar kaɗan ce amma ta ɗauke shi lokaci, zaure ya yi tsit ana jin ƙarar sandarsa. A shekarun nan 'yan mazan jiya ba su da waƙa sai cewa gurguzu na rarrafowa cikin Amurka. Da ya isa ya dafa teburi, sai ya juyo ya ce to ga gurguzu mai rarrafen nan ya iso. Dariya ta ɓarke, sannan ya fara. Ban san inda muryar ta fito daga wannan jiki ba, irin ta ladanin da ya saba kiran salla tun ba a kawo lasifika ba. Ba takarda a hannunsa, don ko an ba shi ba zai gani ba. Ya yi maganar Biyetnam, ya yi ta baƙaƙen Kudu da ake hana ƙuri'a, ya yi ta makaman ƙare-dangi, yana jero shekaru da sunaye da ka.

Abin da ya fi zauna mini shi ne lokacin tambayoyi. Wani saurayi mai gajeren aski, da bajon Goldwater, ɗan takarar 'yan mazan jiya, har lokacin a ƙirjinsa, ya miƙe ya yi masa tambaya mai zafi, kusan zagi. Wasu suka fara ihu. Tsohon ya ɗaga hannu aka yi shiru, ya kara tafi a kunne ya nemi a maimaita masa, sannan ya fara da faɗin inda yaron ke da gaskiya kafin ya zo inda suka rabu. Ba gori, ba wulaƙanci. Da ya gama, saurayin na cikin masu tafi, ko da yake na tabbata bai sauya ra'ayi ba. A bakin ƙofa aka ajiye kwando, kowa ya jefa abin da ya samu, sulalla na ƙara. Mumbarin ya bari, amma duk wanda ya ga yadda ya bi da yaron nan ya san fasto ne ke tsaye.

A hanyar gida, muna takawa a hankali kan ƙanƙara, abokina ya ce, “Kai, wannan ai Malam ne.” Ba sai ya faɗi wane Malam ba. Mu da gwamnatin NPC ta biya wa karatu ba ma ɗaga murya in za mu ambaci jam'iyyar adawa ta NEPU, ko da muna bayan teku, amma kowa ya san jagoranta Malam Aminu Kano, ɗan gidan malamai, mai tafsiri, wanda ya ajiye koyarwa a Maru ya shiga siyasar talakawa, ga 'yar riga fara ba ado. Muka kwana muna auna su a kan shayi. Ba ɗaya suke ba. Malam ya ci kujerar majalisar tarayya a 1959, kuma bai taɓa matsawa daga addininsa ba, shi kuwa Thomas a ƙarshen rayuwa ya yi nisa da aƙidun cocin da ya tashi a ciki. Abin da ya haɗa su a idonmu shi ne dukansu daga karatun addini suka shigo, kuma ba wanda ya taɓa jin an ce sun tara abin duniya.

A Disambar 1964 aka yi masa bikin cika shekara 80 a otal ɗin Astor da ke Niyok, aka karanta saƙonnin Hubert Humphrey da alƙalin alƙalai Earl Warren da Martin Luther King. Masoya suka tara masa dala 17,500. Ya karɓi cek ɗin ya ce ba zai daɗe ba, don duk ƙungiyar da yake ciki tana bakin tsiyacewa, kuma can ya nufa da kuɗin. Shekarar da ta biyo King ya rubuta maƙala a kansa yana cewa bai taɓa haɗuwa da wanda ya kai shi jarunta ba. A Nuwambar 1965 aka riƙo hannunsa zuwa gangamin ƙin yaƙin Biyetnam a Washinton. Samarin da ke ƙona tutar ƙasar don fushi ya ba su shawarar da har yau ake tunawa, cewa in alama suke son nunawa, to su wanke tutar, kada su ƙone ta.

Ya rasu ranar 19 ga Disamba 1968 a Huntington, kusa da Niyok, yana da shekara 84, shekara ashirin da ɗaya bayan Violet. Lokacin na dawo gida ina koyarwa, yaƙinmu na basasa ya cinye shafukan jaridu, sai a wata mujallar Amurka da ta iso ɗakin malamai a makare na ga labarin. Jam'iyyar ba ta daɗe a bayansa ba, rikicin Biyetnam ya tsaga ta gida uku a farkon shekarun 1970. Princeton, wadda ta taɓa hana shi magana a harabarta, ta sa wa wani ɗakin karatu sunansa. Birnin Niyok ma ya sa wa wata babbar sakandare sunansa a Manhattan, 'ya'yan 'yan ci-rani irin waɗanda ya yi wa hidima suka yi ta karatu a ciki shekara da shekaru, har aka rufe ta a 2014 aka raba ginin ga wasu ƙananan makarantu.